Jakin da Ba Shi da Nauyi

Mai jan ruwa ne ya fara ganin gawar da sassafe, kwance a gindin rijiyar dandali. Bai yi ihu ba. Guga kawai ya saki, ya rikiɗe ya zama kare ya ranta a na kare ɗin gaske, don haka mutanen garin suke idan tsoro ya kama su: jiki kan yanke shawara kafin hankali ya iso.

Kafin Duba-Ƙasa ta zo wurin ya cika. Ita ce mai bin sawun garin, wata 'yar firit ɗin mace, kuma sunan ya bi ta ne saboda ba ta kallon fuskar mutum. A garin da kowa zai iya wayar gari da kamannin maƙwabcinsa, ta ce kallon fuska ɓata ido ne. Yau ma da ta ɗaga kai ba abin da za ta ƙaru da shi, domin kusan duk wanda ke tsaye ya shafe kamanninsa ya sa fuskar aro, irin sumul ɗin nan mara gira da suke sawa idan ba sa so a gane su. Sun yi cirko-cirko, ba mai ko tari.

"Ku ja baya," ta ce. "Kun tattake min shaidu."

Wanda ke kwance Tsoho ne, kuma a nan sai an yi wa baƙo bayani. A garin nan ba a hawa mulki, shiga ake yi. Tsoho ba mutum ba ne, siffa ce ta wani dogon dattijo ramamme mai farar gira, wanda ba a san asalinsa ba. Idan layi ya zo kan gida, mutum ɗaya daga gidan sai ya tuɓe kamanninsa ya shiga siffar, ya zauna a zauren shari'a yana raba rigima da ruwa da gonaki. Yana nan muddin jama'a na zuwa gabansa da fuskokinsu na haihuwa. Ranar da suka fara zuwa da na aro, an san sun fara tsoronsa, sai ya fita gida na gaba ya shiga. Iyakar gwamnatinsu ke nan, kuma ba ta fi ta kowa muni ba.

Abin da ya ɗaure wa mutane kai shi ne, ga Tsoho can da ransa a zaure, ana hango shi ta ƙofa. Kuma kowa ya sani mamaci kan koma fuskarsa ta haihuwa da zarar rai ya fita, sai fa wanda ya rasa tasa. An zaga gida-gida, kowane gida ya ce mutanensa sun cika. Doka kuwa ba ta da kunya: gawar da ba a san mai ita ba, rana na faɗuwa ake jan ta zuwa kwazazzabo, ba wanka ba kuka.

Duba-Ƙasa ta tsuguna. Akwai rauni a ƙeya, amma an wanke shi tas. An rufe idanun, an miƙe hannuwan, an naɗe wani tsumma an yi wa kan matashi. Ta ce a ɗaga gawar. Ramamme ne kamar sanda, amma ƙartin da suka ɗaga sai da jijiyar wuyansu ta tashi.

Wannan ita ce sana'arta duka. Siffa ake sauyawa, nauyi ba ya sauyuwa. Ƙato ko ya zama kyanwa, in ya hau rufi sai azara ta yi kuka. Saboda haka wanda ya mutu mai jiki ne.

A gefen da laka ba ta bushe ba ta sami sawun jaki. Na zuwa ya nutse sosai. Na komawa kuwa da ƙyar ya taɓa ƙasa, ko ɗan akuya ya fi shi danna laka. Ta bi shi har ya hau layin da aka shimfiɗa wa duwatsu, can ya ɓace mata. Wani siririn mutum ne ya zama jaki ya ɗauko gawar da ta fi shi nauyi, ya kwantar da ita kamar mai kwantar da jariri.

*

Ta fara da zaure. Ladabi ya hana a faɗi wanda ke cikin Tsoho, amma ita tun ranar da ya shiga ta gane takun telan bakin kasuwa, mutumin da iska mai ƙarfi za ta iya kaiwa ƙasa.

"Ranka ya daɗe, ba ka da nauyi," ta ce. "Jakina ma ba shi da nauyi."

Farar girar ta motsa. "Ni kike zargi?"

"Tsoho biyu a gari ɗaya, wa hakan zai fi damu in ba kai ba?"

"Haba baiwar Allah! Ke ma kin san sau ɗaya ake shiga. In na fita daga fatar nan ko na ƙiftawar ido ne, ba zan iya komawa ba. Da na zama jaki, da yanzu jaki kike yi wa tambayoyi." Ya rage murya. "Dubi ƙofa. Tun safe ba wanda ya shigo min da fuskarsa. Ba komai na yi musu ba."

Gaskiyarsa ce, ta kuma san da haka. Ya ce abin da ya kamata ta nema shi ne wanda mariƙinsa ya ci amana. Duk mai shiga Tsoho yakan ba wani na jikinsa riƙon fuskarsa, shi kuma mariƙin kullum safiya sai ya sa ta na ɗan lokaci don kada a manta. Ranar sauka, mai fuska ya kalli mariƙinsa ya kwashe abinsa. In aka daɗe ba a gani ba, ko uwar da ta haife ka sai ta fara kokwanto.

"Duk waɗanda suka sauka suna gidajensu," in ji Duba-Ƙasa. "Wadda ta sauka ka shiga ma yayata ce. Jiya tare muka ci abinci, har ta fi da kyau."

"Ai ta daɗe a ciki," in ji shi. "Mutane sun ƙi tsoronta."

*

Ta bi masu jiki ɗaya bayan ɗaya. Mahauci na nan da ransa yana zagin ƙuda. Maƙeri na nan, ƙafarsa na nutsewa a toka yadda ta saba. Rana ta take, ba ta da komai a hannu sai jakin da ba shi da nauyi.

A ƙofar shagon mai madubi ta tarar da taro. Fuskokin aro ne sumul-sumul, a jere, suna kallon ƙofa ba magana. Tun da can ana raɗe-raɗin madubansa na shanye fuskar mutum, kuma shi ma ramamme ne, ga shi ba dangi. Irinsa ake nema idan gari na son wanda zai ɗora wa laifi.

A ciki ya juya duk maduban sun fuskanci bango. Tsoro ya cika shi, har kunnensa ɗaya ya fara komawa na zomo bai sani ba.

"Malam, taka min daga nan zuwa can," ta ce.

Ya taka, yana jan ƙafar hagu.

"Ciwon ƙugu?"

"Tun ina saurayi. Ko tsuntsu na zama, a karkace nake tashi."

"To jakina ba ya ɗingishi. Gyara kunnenka."

Ya shafa kunnen, ya sauke ajiyar zuciya. Har ta juya sai ya ce, "Akwai wata da ta riƙa zuwa kwanakin baya, da fuskar aro. Ba ta sayen komai. Tambaya ɗaya take yi, wai shin madubi na tuna fuskar da ya saba gani? Na ce mata madubi ba ya tuna ko ta jiya. Ranar nan kuka ta yi, hawaye na bin wannan fuskar da ba ta kowa ba. Wallahi ban yi barci ba."

Da ta fito ta ce wa taron su watse, ba shi ba ne. Ba wanda ya motsa. Wata murya daga ciki, ba a san bakin da ta fito ba, ta ce, "In rana ta faɗi ba ki kawo wani ba, shi ne."

*

Ta koma gida don ta sha ruwa. Gidan na yayarta ne, maginiyar tukwane, wata ƙatuwar mace da ta yi mata uwa tun suna ƙanana. Su uku ne a ciki, da Auta, 'yar Yaya tilo, budurwa siririya wadda ita ta riƙe fuskar uwarta duk tsawon mulkin. Nan ne kaɗai wurin da Duba-Ƙasa kan ɗaga kai a duniya. Takan ce a gida ba ta aiki.

Tsakar gidan fes, an share shi har ba ƙwayar ƙura, kamar kullum tun da Yaya ta dawo. Ramin kwaɓa yumɓu ya bushe ya tsattsage. Da can Yaya kan shiga ciki da ƙafa tana taka yumɓu tana waƙa, ƙasa na amsawa, amma tun saukarta ta ce mulki ya sangarta ta. Ɗakin ajiyar tukwane na sama, wanda ya daɗe a kulle, yau ƙofarsa a buɗe take.

"Sannu da rana," in ji Yaya daga bakin madafi. "Kin samo?"

"Ina fa. Ina Auta?"

"Na aike ta kasuwa."

Ta ɗauko tulu za ta zuba mata. Tulun ya suɓuce ya fashe, ruwa ya malale cikin garin yumɓun da ke gefen rami. Yaya ta yi salati ta tsallaka ta ɗauko tsintsiya. Duba-Ƙasa ta sunkuya tsince fasassun.

Sawun na nan a gabanta. Ƙafar Yaya ce, faffaɗa, ba shakka. Amma ba ta nutse ba. Da ƙyar ta taɓa laka.

Ta daɗe a sunkuye da guntun tulu a hannu. Tana ta neman ranar ƙarshe da ta ga uwa da 'ya a wuri ɗaya, ta rasa. In Yaya na tsakar gida, Auta na wanka. In Auta na girki, Yaya ta kwanta da ciwon kai. Ita da ke karanta ƙasar gari duka, an yi watanni ana share mata ta gidansu a ƙarƙashin hanci.

In ta yi shiru, yayarta za a ja zuwa kwazazzabo kamar mushe, a kuma huce a kan mai madubi. In ta yi magana, yarinyar da ta goya da bayanta za ta miƙa wa doka. Ta miƙe a hankali.

"Yaya, ki raka ni zaure. Ki riƙe min ruwa, hannuna zai ɓaci."

*

Da la'asar sakaliya zauren ya cika. An kwantar da gawar a gefe. Duba-Ƙasa ta sa an shimfiɗa ɗanyen yumɓu a tsakar ɗaki, ta lailaye shi da tafin hannu, sannan ta faɗa wa jama'a abin da ƙasa ta gaya mata: mamacin mai jiki ne, wanda ya kawo shi kuma ba shi da nauyi, ba ya ɗingishi.

Mai jan ruwa ya taka, sawunsa ya fi na jakin zurfi. Mai madubi ya taka, ƙafar hagu ta ja layi. Tsoho da kansa ya sauko ya taka, ta ce ba ta buƙata, amma an gode. Mahauci ya ce shi ma a gwada shi, kada gobe a ce an yi son kai, ya taka yumɓu ya fantsama. Ba wanda ya yi dariya.

"To wa ya rage?" aka tambaya daga cikin taro.

Duba-Ƙasa tana tsaye a ɗaya gefen. Ta miƙa hannuwanta da suka yi dumu-dumu. "Yaya, miƙo min ruwan nan."

Yaya ta kalli yumɓun. Ta kalli ƙofa, mutane sun toshe ta. Ta tako. Ƙatuwar mace ta ratsa ɗanyen yumɓu kamar kaza ta wuce, kusa da ramukan da mahauci ya bari.



"Yaya," in ji Duba-Ƙasa, muryarta na karyewa, "kira min Auta."

Kwanon ruwan ya faɗi. Jikin ya fara zubewa kamar tukunyar da ba ta bushe ba aka bar wa ruwan sama, kafaɗu suka sauka, kumatu suka lotsa, sai ga Auta a durƙushe cikin zanin da ya yi mata yawa.

"Inna, ban kashe ta da gangan ba. Wallahi Inna."

"Faɗa musu."

Ta faɗa, tana shessheƙa. Da uwarta ta shiga Tsoho, kullum safiya takan sa fuskarta a gaban madubi. Wata rana ta ga tabon da ke haɓar, wanda bakin tanderu ya yi mata, ta ce me zai hana ta ɗan rage shi, Umma ta dawo ta ji daɗi. Daga tabo sai haƙorin da ya gutsure. Daga haƙori sai tattarar goshi, sai hancin da ya ɗan karkace. Kaɗan-kaɗan, ba ta ma san ta yi nisa ba. Ranar sauka, a ɗaki su biyu, uwar ta kalle ta ta ce, "Wace ce wannan?" Ta yi ta ƙoƙarin shiga fuskar, fuskar ta ƙi karɓarta. Auta ta nemi ta ainihin ta mayar, ta tarar ita ma ta manta.

"Umma ce ta ce in ɓoye ta a sama, kada a hukunta ni, za mu tuna a hankali. Amma siffar ta riƙa cin ta. Ta fara yi wa tukwane shari'a. Ta daina gane ni. Da asubar yau ta ɓalle ƙofa ta ce za ta zaure, mutanenta na jira. Na riƙe rigarta a kan matakala, ta fizge..." Ta kife kai a ƙasa. "Na kasa kai ta daji, Inna. Na kawo ta inda za a gan ta."

Garin gyaran gira aka rasa ido. Ɗaya bayan ɗaya fuskokin aron suka fara narkewa, maƙwabta suka bayyana, kowa na kallon wani wuri.

Tsoho ya gyara zama. Sannan ya ce faɗuwar tsautsayi ce, amma mariƙin da ya ɓatar da fuska dole ya ajiye tasa a ƙofar gari, ya fita a siffar dabba, ba zai dawo ba sai layi ya sake zagayowa gidansu. Kowa ya san abin da hakan ke nufi. Kafin lokacin ba wanda zai tuna kamanninta, har ita kanta.

"Saura gawa," ya ce. "Doka na so wani ya sa kamannin mamaci ya shige gaban makara, jama'a su shaida. In ba haka ba, maganar yarinya ce kawai."

Duba-Ƙasa ta rufe ido ta kira fuskar yayarta. Wadda ta zo mata mai santsi ce, ba tabo, haƙora a jere. Ta kore ta, ta sake kira, ita ce dai. Watannin nan da take kallonta a gida sun goge ta gaskiyar. Ta juya ga jama'a. Matar mahauci ta gwada, maƙwabciyarsu ta gwada, duk kyakkyawar nan ce ke fitowa, har zauren ya cika da mace ɗaya wadda ba a taɓa haifa ba, tana kallon kanta ta kowace kusurwa. Hasken ƙofa ya fara yin ja.

"Ku cire," in ji Duba-Ƙasa. "Ku cire, don Allah."

Ta zauna a ƙasa ta tuɓe takalmi. Ƙafafunta suka faɗaɗa. Diddige ya tsage a inda yumɓu ya saba cin sa, babban yatsan dama ya kauce waje, farcen ƙaramin ya rabu biyu. Wannan ba wanda ya taɓa gyara mata shi. Tun tana rarrafe take bin ƙafafun nan.

Ta taka yumɓun. Siffar ta fito daidai, amma zurfin bai kai ba.

"Auta, hau bayana."

Yarinyar ta hau, ta maƙale wuyanta kamar da. Duba-Ƙasa ta sake takawa, yumɓu ya amsa, ƙafa ta nutse har idon sawu. Mutanen garin, waɗanda ba su saba kallon ƙasa ba, suka sunkuya. Mai jan ruwa ne ya fara fashewa da kuka. "Ita ce. Haka take bar min bakin rijiya kullum."

Haka ta shige gaban makara har makwanci, da Auta a baya, rana na dab da faɗuwa. Yaya ta sami wanka, ta sami kuka, aka rufe ta da sunanta.

A ƙofar gari Tsoho ya tsaya nesa kaɗan, yana wasa da gefen rigarsa irin na mai duba ɗinki. "Doka ba ta ce a riƙe mata fuska ba," ya ce. Ya yi gyaran murya. "Ba ta kuma ce kada a riƙe ba."

Auta ta fara sunkuyawa za ta rikiɗa. Duba-Ƙasa ta kama haɓarta ta ɗago ta zuwa sauran hasken da ya rage. Idanun sun kumbura, hancin na yoyo, ga ƙuraje a goshi, ga kunne ɗaya da ya fi ɗaya fitowa. Yarinyar ta kai hannu za ta share fuskarta, ta riƙe hannun.

"Bari," ta ce. "Tsaya haka in kalle ki. Kada ki gyara komai."